Natan Alterman: Mawaƙin da Ya Sama wa Dandamalin Ibraniyanci Bakin Magana

A shekarar 1946 hukumar birnin Tel Aviv ta miƙa lambar Tchernichovsky, wadda ake ba gwanayen fassara, ga wani mawaƙi da bai kai shekara 40 ba, mai suna Natan Alterman. Ayyuka biyu aka haɗa aka ba shi lambar a kansu, kuma babu inda suka yi kama da juna. Na farko shi ne Phèdre, wasan ban tausayi da Bafaranshe Jean Racine ya rubuta a 1677, inda sarauniya ke bayyana ƙunar zuciyarta cikin ɗangwaye masu awo da amsa-amo, ba gaɓa ɗaya da ta kauce. Na biyu wasan barkwancin Shakespeare ne a kan matan garin Windsor, wanda jaruminsa Falstaff tsohon najadu ne, mai tumbi, mashayi, wanda matan aure biyu suka cusa cikin kwandon kayan wanki aka je aka juye shi a kogi. Ana cewa taura biyu ba ta taunuwa, amma ga mutum ya tauna su a lokaci guda, kuma a Ibraniyanci, harshen da shekara 70 kafin nan babu yaron da ke tashi da shi a bakinsa.

Wannan shi ne lamarin da nake son a duba: yadda aka yi harshen da ya daɗe a rufe cikin littafi ya sami muryar da za a hau dandamali da ita, da rawar da mutum ɗaya ya taka a ciki, da abin da aikin ya ci masa.

Harshe mai littafi, marar kasuwa

Ibraniyanci ɗan'uwan Larabci ne, kuma duk wanda ya zauna gaban malam zai ji kusancin: shalom da salam, bayit da bait, rosh da ra'as. Ƙarnuka masu yawa Yahudawa sun riƙe shi harshen addu'a da karatu da rubuta wasiƙa tsakanin malamai, amma a gida da kasuwa kowa harshen inda yake zaune yake yi: Yidish a gabashin Turai, Ladino a daular Usmaniyya, Larabci a Bagadaza da Fas da San'a. Daga shekarun 1880 ne Eliezer Ben-Yehuda da malaman makarantu suka dage sai an mai da shi harshen baka a Falasɗinu. A 1922, shekarar da Ben-Yehuda ya rasu, mulkin Ingila ya sa shi cikin harsunan hukuma tare da Ingilishi da Larabci.

Sai dai takardar hukuma ba ta koya wa harshe yadda ake cinikin tumatir. Ibraniyancin wancan lokaci yana da kalmar tsawatarwar annabawa, yana da kalmar muhawarar malaman shari'a, yana da kalmar makoki. Abin da ya rasa shi ne ashar, da zolaya, da kalaman saurayi a zance, da sambatun wanda ya bugu, da gunagunin bawa a bayan ubangidansa. Mai rubuta waƙa yana iya kewaye wannan rami, domin shi ke zaɓen abin da zai faɗa. Mai fassara wasan kwaikwayo ba shi da mafita. Idan Falstaff ya yi zagi, dole a sami zagi, kuma dole zagin ya sa mutanen da suka sayi tikiti dariya a daren, ba sai sun koma gida sun buɗe ƙamus ba.

Gidajen wasa kuwa sun riga marubutan wasa zuwa. An kafa Habima a Mosko a ƙarshen Yaƙin Duniya na Ɗaya, ƙarƙashin inuwar mashahurin mai shirya wasa na Rasha, Stanislavski, ta yi suna a 1922 da wasan Dybbuk na An-sky wanda babban sha'iri Bialik ya mayar Ibraniyanci, ta bar Tarayyar Sobiyet a 1926, ta zauna daram a Tel Aviv a 1931. Moshe Halevi ya kafa Ohel, gidan wasan ƙungiyar ma'aikata, a 1925. Matate, na zambo da habaici, ya biyo baya a 1928. Cameri ta zo a 1944, tana neman 'yan wasa su yi magana irin ta 'yan ƙasa, domin manyan taurarin Habima har suka tsufa harshensu bai rabu da karin Rashanci ba. Duk waɗannan gidaje suna bukatar sabon wasa kowane 'yan watanni, wasannin da aka rubuta da Ibraniyanci tun asali kuwa ba su taka kara sun karya ba. Abin da ya rage shi ne fassara, kuma manyan mawaƙa aka ɗora wa kayan. Shaul Tchernichovsky, wanda lambar ke ɗauke da sunansa, ya fassara Shakespeare. Avraham Shlonsky ya ba Habima Hamlet a 1946. Alterman ya shigo cikin wannan sahu.

Akwai wanda ya riga su duka, kuma labarinsa yana nuna tsawon tafiyar. A 1874 aka buga Othello na Shakespeare da Ibraniyanci a Biyana, fassarar Isaac Salkinson, Bayahuden da ya koma Kirista. Salkinson bai bar ko sunaye ba: Othello ya zama Itiel, Desdemona ta zama Asenat, maƙaryaci Iago ya zama Doeg, sunan wani magulmaci a labarin Dawuda. Marubuci Peretz Smolenskin, wanda ya rubuta gabatarwar, ya kira aikin ramuwar gayya a kan Turawan Ingila, tunda sun ɗauki littafin Yahudawa mai tsarki sun fassara yadda suka ga dama, to ga nasu abin alfaharin an shigo da shi gida. Fassara ce kyakkyawa, cike da harshen Attaura, amma ta karatu ce. A 1874 babu dandamalin da za a hau da ita, babu masu kallon da za su ji ta da kunne.

Sannan ga wata matsala da baƙo ba zai lura da ita ba. Yahudawan Turai suna furta Ibraniyanci suna danna murya a gaɓar kusa da ƙarshe, kuma a kan wannan furuci Bialik ya gina karin yawancin waƙoƙinsa. Makarantun Falasɗinu kuwa sun zaɓi furucin Sefardi, wato na Yahudawan da asalinsu Andalus ne, inda nauyin ke faɗawa kan gaɓar ƙarshe. Sakamakon haka yaron da ya tashi a Tel Aviv idan ya karanta Bialik da bakinsa, sai karin ya karye. Masu nazarin waƙar Hausa za su gane girman wannan: a ɗauka an wayi gari an juya gaɓoɓi masu nauyi sun koma marasa nauyi, a ce kuma a rera tsohuwar ƙasida a kan arulinta. Dole 'yan zamanin Shlonsky da Alterman da Leah Goldberg suka sake gina kiɗan waƙar daga tushe.

Ɗan malamin ƙananan yara

An haifi Alterman a Warso ranar 14 ga Agusta, 1910. Mahaifinsa Yitzhak yana cikin waɗanda suka fara buɗe makarantun renon yara da Ibraniyanci zalla, yana kuma rubuta musu waƙoƙi. Wato yaron ya tashi a gidan da ake gwada harshen a bakin 'yan shekara huɗu, kuma ina ganin wannan ba ƙaramin abu ba ne ga wanda daga baya zai rayu a kan abin da baki ke iya furtawa cikin sauƙi. Yaƙi da juyin juya hali suka yi ta gara iyalin: Mosko, Kiyef, Kishinef. A 1925 suka sauka Tel Aviv, garin da a lokacin shekararsa 16 kacal, yana bunƙasa a kan rairayi a gefen tsohon birnin Larabawa na Yafa.

Ya gama makarantar Herzliya, ya tafi Faransa a 1929, ya ɗan zauna Paris, sannan ya karanta ilimin aikin gona a Nancy. Ya dawo a 1932 da takardar shaida, ya ɗan taɓa aiki a makarantar gona ta Mikve Israel, ya ga ba nan ƙafarsa take ba. Abin da ya kwaso daga Faransa wanda ya amfane shi shi ne harshen, da waƙoƙin titunan Paris da na gidajen rawarta. Tun 1931 aka fara buga waƙarsa a mujallar Ketuvim ta su Shlonsky. A 1935 ya auri 'yar wasan kwaikwayo Rachel Marcus, saboda haka hirar bayan labule a gidansa take kwana.

Daga nan rayuwarsa ta rabu kan tebur uku, kuma bai taɓa barin ɗaya domin ɗaya ba. Teburin farko na jarida ne: daga 1934 yana rubuta wa Haaretz gajerun waƙoƙi a kan abin da ke faruwa, a 1943 ya koma Davar, jaridar ƙungiyar ma'aikata. Na biyu na gidajen nishaɗi ne, inda ya rubuta wa Matate da Li-La-Lo waƙoƙin da ake rerawa. Ɗaya daga ciki, Kalaniyot, a kan wani jan fure na daji, wadda Shoshana Damari ta rera a 1945 da kiɗan Moshe Wilensky, ta zama abin tsokana: sojojin lema na Ingila jar hula suke sawa, sai yara suka riƙa bin su da waƙar a titi.

Tebur na uku shi ne na diwani. Kokhavim ba-Hutz, wato taurari a waje, ya fito a 1938 ya ɗora shi a sahun gaba nan take. A 1941, bayan jiragen Italiya sun yi wa Tel Aviv ruwan bam sun kashe fiye da mutum 100, ya fitar da Simhat Aniyim, murnar matalauta, inda mamaci ke magana da matarsa mai rai a cikin birnin da aka yi wa ƙawanya. Amma wanda ya fi tsaya mini shi ne na 1944, waƙoƙin annobobin Masar. Kowa ya san labarin: jini, kwaɗi, fari, duhu. Alterman ya ba da shi ta bakin wani uba Bamisire da ɗansa na fari, mutanen Fir'auna, waɗanda bala'in ke sauka a kansu ba tare da sun san hawa ko sauka ba. A tsakiyar kisan kiyashin da ake yi wa Yahudawan Turai, mawaƙin Bayahude ya ari bakin talakan ɓangaren da aka saba kira abokan gaba. Wannan halin mai fassara wasa ne: shiga rigar wani, a yi magana daga ciki.

Sarauniya da mashayi

Mu koma kan ayyukan nan biyu na 1946.

Phèdre matar sarki Theseus ce, ta kamu da son ɗan mijinta Hippolyte, ya ƙi ta, aka yi masa ƙazafi wurin ubansa, ya halaka. Mai karatu zai tuna da Zulaiha, kuma manazarta ma a rukuni ɗaya suke ajiye labaran biyu. Wahalar fassara ta ba a labarin take ba, a ƙirar take. Kowane ɗango na Racine gaɓa 12 ne, da ɗan numfashi a tsakiya, ɗangwaye biyu-biyu suna amsa wa juna, haka har sama da ɗango 1,600. Kalmominsa kaɗan ne, masu tsabta, ba ya ɗaga murya. Duk zafin wasan daga nan yake fitowa: mace tana ƙonewa a ciki, harshenta kuwa a ɗaure tamau. Wanda ya kwance ɗaurin ya mai da shi zube, ya zubar da rabin wasan.

Alterman ya riƙe awo, ya riƙe amsa-amo. A nan Ibraniyanci yana da tarko. Jam'in namiji yana ƙarewa da -im, na mace da -ot, saboda haka rago yana iya jera amsa-amo ɗari ba tare da ya yi gumi ba, kamar mai waƙar Hausa da ya kama -wa ya ƙi saki. Kunnen mai sauraro yana gajiya da irin wannan tun kafin a gama fitowa ta farko. Abin da Shlonsky da Alterman suka koyo daga mawaƙan Rasha na farkon ƙarni na 20 shi ne amsa-amo mai zurfi, wanda ke kama baƙaƙen cikin kalma ba wutsiyarta kaɗai ba, ko da bai zo daidai ɗari bisa ɗari ba. Da wannan makami ya tunkari Racine. Habima ta sa wasan a 1945, Hanna Rovina, uwar dandamalin Ibraniyanci, ta fito a matsayin sarauniyar. Ga irin wannan wasa harshen Attaura ya zama gata, domin girmansa da nauyinsa sun dace da fada.

Falstaff kuwa sai ya juya gatan ya zama kaya. Wasan matan Windsor kusan duk zube ne, maganar 'yan gari, cike da wasa da kalma. A ciki akwai likita Bafaranshe da limamin coci ɗan Wales, kowannensu yana yi wa Ingilishi kisan gilla, kuma gurguwar maganarsu ita ce abin dariyar. To yaya za a yi gurguwar magana ta ba da dariya a zauren da rabin masu kallo da kansu haka suke magana, wannan da karin Polan, wancan da na Jamus? Kuma ina za a samo harshen mashaya a harshen da bai daɗe da samun mashayar ba?

Hanyar da Alterman ya bi a wasannin ban dariya, nan da wurin Molière, Bafaranshe marubucin wasannin barkwanci, ita ce ya mai da talaucin harshen jari. Tunda Ibraniyanci hawa-hawa ne, akwai na Attaura, akwai na malaman Mishna da Talmud, wato littattafan shari'ar Yahudawa, akwai na littafin addu'a, akwai ɗan abin da titi ya fara haifarwa, sai ya riƙa gwara su. Ɗan iska ya buɗe baki da jumla mai kama da ta annabawa domin ya nemi bashi. Bara ta amsa wa maigida da salon masu fatawa. Masu kallon da suka yi karatun addini suna yara suna jin inda aka ɗauko kowace kalma, kuma tazarar da ke tsakanin asalin kalmar da inda aka jefa ta ita ke fashe su da dariya. A ƙarƙashin wannan duka akwai numfashin Yidish, harshen da yawancinsu suka sha a nono, wanda barkwancinsa dama a kan irin wannan gwarawa ya ginu. Inda babu kalma kuma, ya ƙera.

Ya ci gaba a haka shekara 20 da ɗoriya. Othello ɗinsa ya hau dandamalin Habima a 1950, Aharon Meskin yana jarumin, kuma a wannan karon Othello ya amsa sunansa, Iago ma haka, domin an wuce zamanin da sai an yi wa baƙo kaciya kafin ya shigo. Ya fassara Julius Caesar da Antony da Cleopatra. Daga Molière ya kawo marowaci Harpagon, da mai ƙin mutane Alceste, da mai ciwon ƙarya, da attajirin da ke son a kira shi basarake. A 1967 aka sake ba shi lambar Tchernichovsky saboda wasannin Molière. Ya kuma fassara daga Rashanci da Yidish da Jamusanci, har da tsofaffin waƙoƙin labari na Ingila da Sikotilan.

Wasa ɗaya ya cancanci a keɓe shi, domin a nan ne iyaka tsakanin mai fassara da mai rubutu ta ɓace. Sammy Gronemann, lauya kuma marubucin barkwanci daga Jamus, ya rubuta wasa da Jamusanci a kan sarki Sulemanu na labaran Yahudawa, wanda a al'adarsu sarki ne mai hikima da ake iya saƙa tatsuniya a kansa, da wani baduku mai ɗinkin takalma, Shalmai, wanda suke kama kamar an tsaga kara. Suka yi musayar matsayi, baduku ya hau gadon sarauta, sarki ya zauna kan tabarmar ɗinki. Alterman ya mayar da shi Ibraniyanci cikin amsa-amo, Ohel ta sa shi a 1943. A 1964 Cameri ta farfaɗo da shi, Alterman ya ƙara waƙoƙi, Sasha Argov ya sa musu kiɗa, ya zama ɗaya daga wasannin da aka fi so a tarihin ƙasar. Yau mutane da yawa a Isra'ila wasan Alterman suke kiransa, sunan Gronemann sai an duba takardar shiri.

Fili na bakwai

Ba za a fahimci nauyin da sunansa ke da shi ba sai an dubi teburin jarida. Daga 1943 zuwa 1967, ranar Juma'a, Davar tana buga waƙarsa a jeri na bakwai na shafi, kuma daga nan filin ya samo sunansa, Ha-Tur ha-Shevi'i. Sharhin siyasa ne cikin baiti. Lokacin da masu tace labarai na Ingila suka hana buga wasu, sai aka riƙa kwafa ana miƙawa hannu da hannu. Ranar 19 ga Disamba, 1947, mako uku bayan ƙuri'ar Majalisar Ɗinkin Duniya ta raba Falasɗinu, ya buga waƙar farantin azurfa. Chaim Weizmann, wanda daga baya ya zama shugaban Isra'ila na farko, ya ce ba a miƙa wa al'umma ƙasa a kan farantin azurfa, sai Alterman ya zana saurayi da budurwa cikin kayan yaƙi, a gajiye, suna shaida wa jama'a cewa su ne farantin, sannan su faɗi. Har gobe ana karanta ta a ranar tunawa da sojojin Isra'ila.

Yaƙin da ya biyo baya shi ne wanda Falasɗinawa ke kira Nakba, inda fiye da mutum 700,000 suka rasa gidajensu. Alterman ɗan cikin gida ne na ɓangaren da ya yi nasara, makusancin Ben-Gurion, firaministan Isra'ila na farko, kuma bai taɓa ɓoye haka ba. Duk da haka a Nuwamba 1948, ana tsakiyar yaƙi, ya buga Al Zot, wato a kan wannan. Waƙar ta nuna matashin soja a cikin jif a garin da aka ci, ya ga tsoho da mace a jikin bango, ya gwada bindigarsa mai jigida a kansu. Ya kira abin da sunansa, laifin yaƙi, ya nemi a kai masu yi kotu, ya kuma haɗa da masu gani su yi shiru. Masana tarihi sun rabu a kan ko Lidda yake nufi ko ƙauyen Dawayima. Ben-Gurion ya sa aka buga waƙar aka raba wa sojoji. A 1956, bayan 'yan sandan kan iyaka sun harbe kusan mutum 50 a ƙauyen Larabawa na Kafr Qasim, ma'aikata masu dawowa gida ba su san an sa dokar hana fita ba, Alterman yana cikin waɗanda suka fasa shirun da hukuma ta so a yi. Ya kuma soki mulkin sojan da aka ɗora wa Larabawan cikin Isra'ila har zuwa 1966.

Ana iya cewa, kuma an ce, irin wannan suka ta ɗan gida tana wanke lamirin ƙasa ne fiye da yadda take sauya wani abu a ƙasa. Tsohon da ke cikin waƙar ba shi da suna, ba ya magana, kuma babu inda aka tambayi ina mutanen garin suka tafi. Ina ganin akwai gaskiya a wannan zargi. Amma an buga waƙar, a jaridar jam'iyya mai mulki, bindiga tana tashi.

Da kiɗa ya juya

A 1959 wani matashin mawaƙi, Natan Zach, ya buga maƙala a mujallar Akhshav ya dira kan Alterman. Ƙorafinsa a kan ainihin abin da ake yabon mutumin ne. Ya ce awon nan da ba ya kuskure ya zama inji, kowane irin yanayi da kiɗa ɗaya yake fitowa, hotunan suna da ƙyalli amma ba a jin mutum takamaimai a bayansu. Zach da tsararsa, irin su Yehuda Amichai, suna son waƙa marar ɗauri, mai kama da maganar mutum a ɗakinsa. Dalilin da ya sa suka iya neman haka shi ne harshen ya riga ya girma. Akwai yaran da aka haifa cikinsa, suka yi soja cikinsa, suka yi ashar da soyayya cikinsa, da aron kalmomi daga Larabci da Yidish da Ingilishi. Ramin da Alterman ya yi shekaru yana cikewa da dabara, titi ya cike shi da kansa. Bai mayar wa Zach martani kai tsaye ba. Manazarta da dama suna karanta diwaninsa na 1965, Hagigat Kayitz, wanda ya fi sakin jiki da yi wa kai dariya, a matsayin amsar.

A daidai wannan lokaci ya juya ga rubuta wasanni nasa na kansa, kuma a nan ne labarin ya yi ɗaci. Kinneret Kinneret, a kan 'yan share fagen zama a bakin tafkin Galili, da Pundak ha-Ruhot, masaukin fatalwa, sun fito a Cameri a farkon shekarun 1960. Na biyun, labarin mai goge Hananel da ya bar matarsa Naomi shekara 12 domin neman ɗaukaka, shi ne mafi ƙarfi, kuma ana jin mutumin yana tuhumar kansa a ciki. Amma wasan shari'ar Pythagoras na 1965, wanda kwamfuta ce a tsakiyarsa, bai karɓu ba, na sarauniya Esther a 1966 kuwa ya faɗi warwas, masu sharhi suka yi masa ca. A nawa karatun, dalilin a fili yake. Racine da Molière sun ba shi ƙashi: wa ke son me, wa ya tare masa hanya, yaushe asiri zai tonu. Shi nama da fata yake sawa, kuma babu kamarsa a wannan. Da ya zama shi zai gina ƙashin, sai mutanen wasansa suka riƙa tsayawa suna rera kyawawan baitoci, labari yana jiran su.

Sai 1967. Bayan yaƙin kwana shida, mutumin da ya ari bakin uba Bamisire, ya tsaya wa mutanen Kafr Qasim, ya zama jigo a ƙungiyar da ke neman Isra'ila ta riƙe duk yankunan da ta mamaye. Ya sa hannu a sanarwarta ta Satumba 1967 tare da marubuta S. Y. Agnon da Uri Zvi Greenberg da Moshe Shamir, ya bar Davar, ya koma rubuta maƙaloli a jaridar Maariv yana kare wannan matsayi. Masu kare shi suna cewa bai sauya ba, tun farko ƙasar ce gaba da komai a wurinsa, sukar sojoji ma domin ita ya yi. Masu sukarsa suna cewa kunnen da ya iya jin kowa ya toshe a lokacin da mutane kusan miliyan ɗaya suka shiga ƙarƙashin mulkin soja. Tarihin rayuwarsa da Dan Laor ya fitar a 2013 ya sake tayar da wannan muhawara, ba ta kuma kwanta ba.

An ba shi lambar Bialik a 1957, shekarar da ya fitar da diwaninsa Ir ha-Yona, sannan lambar Isra'ila a 1968. Ya rasu a Tel Aviv ranar 28 ga Maris, 1970. Leah Goldberg ta riga shi a Janairun shekarar, Agnon a Fabrairu, wato wata uku a jere adabin Ibraniyanci yana zaman makoki. 'Yarsa tilo, Tirza Atar, ta gaje shi a waƙa da fassarar wasanni, ta rasu a 1977 tana da shekara 36.

Fassarorinsa sun sami makomar da ta saba samun fassara. Gidajen wasa na yau sukan ba sababbin hannu, irin su Dori Parnes, aikin sake mayar da Shakespeare, domin ɗan wasan da aka haifa a 1990 idan ya ɗauki Othello na 1950 sai ya ji kamar ya sa babbar rigar kakansa. Waɗanda suka fi jure wa zamani su ne masu amsa-amo da barkwanci, inda tsufan harshen ya zama wani ɓangare na daɗin, kuma sarki da baduku suna komawa dandamali lokaci bayan lokaci. A ƙarshen 2015 babban bankin Isra'ila ya fitar da sabuwar takardar shekel 200, shuɗiya, wadda ta fi kowace daraja a kuɗin ƙasar, da fuskar Alterman a kanta. Mutumin da ya koya wa Harpagon yadda zai yi kururuwa da Ibraniyanci a kan akwatin kuɗin da ya binne a lambu, yanzu shi ake ƙirgawa a kanta.